Kundin aikin hing: daga firji zuwa kwarin Lahaul

18 ga Nuwamba, 2023

Yau irin hing ya shigo hannuna. Malamata ta sa na ƙirga shi a gabanta na sa hannu a littafi, domin irin nan ba a kasuwa ake sayensa ba, kuma duk ƙwayar da za ta shigo Indiya sai ta bi ta hannun masu binciken cututtukan shuka. Ƙwaya 300 ne cif. Tun kafin in buɗe ambulan warin ya riga ni, wani abu tsakanin tafarnuwa da albasar da ta kwana a rana. Ƙwayar kanta fale-fale ce, ruwan ƙasa, ta fi agushi faɗi amma ba ta kai shi kauri ba, iska kaɗan sai ta ɗauke ta daga kan tebur.

'Yan gida sun sha tambayata abin da na zo yi a tsaunukan jihar Himachal Pradesh da ke arewacin Indiya, shi ya sa zan riƙa rubuta yadda aikin ke tafiya. Tsiron da nake kai sunansa na kimiyya Ferula assa-foetida. Indiyawa na ce masa hing, mutanen Iran anguze, Larabawa kuma hiltit, sunan da mai yawan shiga shagunan maganin Musulunci zai iya cin karo da shi. Ɗan dangin karas ne, gidansu ɗaya da shammar da yansun da kusbara da faski. Alamar gidan ita ce fure mai buɗewa kamar laima, da saiwa guda mai nutsewa tsaye cikin ƙasa. Habbatus sauda ba ta cikinsu, ko da yake mutane da yawa na haɗa ta da su saboda a kanta ɗaya ake jera su.

Shi wannan ba shukar lambu ba ne. A daji yake fitowa, shi da 'yan'uwansa masu ba da hing, a busassun tsaunukan Iran da Afganistan da ƙasashen tsakiyar Asiya, inda ƙanƙara ke rufe ƙasa da hunturu, rani kuma ya zo babu ɗigon ruwa. Abin da ake nema a jikinsa danƙo ne da ke fita idan an yanki kan saiwar, wanda ake sawa a girki. Indiya ce babbar mai cinsa, amma har zuwa 2020 ba ta noma shi. A lissafin da hukumar binciken kimiyya ta ƙasar ta bayar a 2020, ana shigo da ɗanyen hing kimanin tan 1,200 duk shekara daga Afganistan da Iran da Uzbekistan, a kan kuɗi kusan dala miliyan 100. Wannan ne ya sa cibiyar bincike ta IHBT da ke garin Palampur na jihar nan ta shigo da iri daga Iran a 2018, aka kuma dasa na farko a ƙauyen Kwaring da ke kwarin Lahaul ranar 15 ga Oktoba, 2020. Nawa aikin ƙarami ne a gefen nasu: in gano hanyar da ta fi tayar da irin, in kuma bi abin da ya tsira har iya lokacin da karatuna ya ba ni.

2 ga Disamba, 2023

A gida mun saba iri na jiran ruwa da ɗumi. Ka zuba gero bayan ruwan shuka, kwana uku ka ga ya huda ƙasa. Wannan kuwa sanyi yake jira. Lokacin da ƙwayar ke faɗowa daga uwarta, ɗan tsiron da ke cikinta bai gama haɗuwa ba, kuma ba ya ƙarasawa sai ya yi makonni cikin danshi da sanyi. A tsauni, ƙanƙara ce ke yi masa wannan aiki: ta rufe shi wata da watanni, ranar da ta fara narkewa ya tashi ya sha ruwanta. Da zai tsiro da yayyafin kaka, da hunturu ya kashe shi yana jariri. Na daɗe ina tunanin wannan tsari, ikon Allah ne a fili.

Na kasa irin kashi uku, ɗari-ɗari. Kashin farko na shuka shi kai tsaye a tire na ajiye a ɗaki, babu sanyi. Na biyu na cuɗa shi da rairayi mai danshi na sa a firji a kan digiri 4. Na uku sai da na bar shi kwana guda ruwa na gudana a kansa kafin ya shiga firjin, domin ɓawon irin wannan dangi na ɗauke da sinadaran da ke hana tsiro, kuma ruwa na wanke su. Rairayin na dafa shi tukuna na shanya. Danshin da ake so shi ne ka damƙa ya dunƙule amma kada ruwa ya ɗiga.

Masu ajiye abincin rana a firjin sun roƙe ni in ƙara leda a kan robobin. Sun yi gaskiya, na ƙara biyu.

29 ga Disamba, 2023

Shiru. Fumfuna ta kama ƙwaya bakwai a kashi na biyu, na tsince su na canza rairayi. Kashin ɗaki ko motsi.

21 ga Janairu, 2024

Alhamdu lillahi. Yau da safe na buɗe robar kashi na uku na tarar da fararen saiwoyi guda tara sun leƙo, kowace ba ta wuce tsawon ƙwayar shinkafa ba. A cikin firjin suka tsiro, cikin duhu, ba su jira an fito da su ba. Kwana hamsin ke nan. Na kira malamata, ta bar abin da take yi ta zo, ta ɗauki ɗaya da hantsaki ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Yanzu aikinka ya fara."

10 ga Maris, 2024

Gobe ko jibi za a ɗauki azumi, bari in rufe lissafin tsiro. Kashin ɗaki ya ba da 2. Na firji kawai ya ba da 41. Wanda aka wanke kafin firji ya ba da 58. Jimla 101. Gwaji ɗaya ba ya zama hujja, sai an maimaita, amma tazarar da ke tsakanin 2 da 41 ba ta buƙatar dogon bayani.

Duk wanda ya tsiro na mayar da shi doguwar leda mai zurfin kamu biyu. Tire ba ya yi masa, saboda tun ganyen farko bai gama buɗewa ba saiwar ta kai ƙasan tiren ta lanƙwashe, kuma saiwar da ta lanƙwashe tun tana ƙarama ba ta ƙara miƙewa. Ƙasar da na haɗa rabinta rairayi ne, sai ƙasar lambu da ruɓaɓɓen taki kaɗan. Duk da haka ciwon da ke cin wuyan tsiro ya kwantar da 18. Saura 83. Ganyen gaskiya ya fara fitowa, mai yanka-yanka, launinsa kore mai ɗan toka-toka.

Ina so in tsaya kan abin da ya faru a ɗakin girkin masaukinmu, domin shi ya sa na fara ganin aikin da wani ido. Mai dafa mana abinci ya ji warin hannuna ya yi dariya, ya jawo ni gaban murhu. Ya zuba mai a ƙaramin kasko, da ya yi zafi ya ɗebi garin hing da bakin wuƙa, abin da bai kai rabin farce ba, ya jefa. Nan take warin nan ya juye ya zama ƙamshin soyayyar albasa da tafarnuwa, ya juye man a kan tukunyar wake. Babu abin da ya zo mini a rai sai daddawa. Baƙon da ya shinshini daddawa ɗanya zai rantse ba za ta shiga bakinsa ba, amma miyar kuka ba ta miya sai da ita. Haka hing yake a nan. Mabiya addinin Jain da wasu Hindu da ba sa cin albasa da tafarnuwa da shi suke maye gurbinsu, kuma kowa ya yarda yana rage kumburin cikin da wake ke sawa. Sinadaran farar wuta da ke cikin mansa su ne tushen warin da ƙamshin duka.

Da na juya robar na karanta abin da ke ciki, sai na ga hing ɗin kaɗan ne. Tsantsarsa ta fi ƙarfin girki, don haka masu sarrafa shi, irin na garin Hathras a Uttar Pradesh, suna cuɗa shi da garin alkama ko na shinkafa, da kuma ƙaro. Ƙaro dai namu, wanda Indiya ke saye daga Sudan da Chadi da Najeriya. Mahaifina ya yi shekaru yana harkar ƙaro a wajen Gashuwa, don haka da daddare na kira shi na ba shi labari. Ya saurara har na gama, ya tambaye ni shekara nawa abin ke yi kafin a tatse shi. Na ce, "Kamar biyar, Baba." Ya ce, "To ai dakwara ma haka take. Bayan an tatsa fa, yana sake bayarwa baɗi?" A nan na yi shiru, domin amsar ba mai daɗi ba ce. Zan dawo kanta.

26 ga Mayu, 2024

Makonni biyu da suka wuce ganye ya fara yin rawaya. Na ƙara ruwa, ya ƙara rawaya. Cikin kwana goma duk ledojin 83 sun zama busasshiyar ciyawa. Na san a takarda cewa tsiron na kwanciya da rani, amma sanin takarda daban, ganin wata shida na aikinka ya bushe daban. Ban yi barcin kirki ba. Jiya na kasa haƙuri na farke leda ɗaya. Saiwar na nan da ranta, fara tas, kaurin fensir, tsawonta ya kusa kamu guda, da na ƙwarzane ta da farce wani farin ruwa kamar madara ya fito da warin nan. Ban taɓa jin daɗin wari irin na jiya ba.

Haka rayuwarsa take. Wata uku ko huɗu yana da ganye, yana tara abinci a saiwa, sauran shekara babu abin da ido zai gani a sama. Na mayar da saiwar cikin sabuwar leda, na kuma rubuta da babban baƙi a ƙofar rumfar da ledojin suke cewa kada kowa ya ba su ruwa.

14 ga Agusta, 2024

An yi asara, kuma da hannuna a ciki. Daminar nan ba irin tamu ba ce, ruwa na iya kwana uku bai ɗauke ba, bango ma gumi yake yi. Ledar rufin rumfar ta yage a kusurwa ɗaya, na gani tun farkon Yuli na ce zan gyara, na shagala da jarrabawa. Ruwa ya riƙa ɗiga a kan layuka biyu. Da na zazzage su, saiwoyin sun zama kamar dafaffen dankalin da ya kwana, suna narkewa a hannu. Guda 29 suka tafi. Wasu ma ina zargin ruwan da na ƙara musu a Mayu ne ya fara raunana su.

Saiwar da ke barci ba ta shan ruwa, duk abin da ka zuba mata zama yake yi a jikinta har ta ruɓe. Mu da muka taso inda fari ne abokin gaba, hannunmu ya saba da ba shuka ruwa idan muka ga ta yi laushi, kuma wannan sabon ne ya cuce ni. Na ɗaga sauran 54 a kan benci, na ɗinke rufin.

12 ga Oktoba, 2024

Mun kai su Lahaul. Shida na bari a rumfa don kwatance, 48 muka nannaɗe a jarida muka jera a kwali.

Daga Manali mota ke hawa cikin dajin itatuwa masu tsayi, ko'ina kore, har a shiga ramin Atal da aka haƙa ƙarƙashin mashigar Rohtang. Tsawonsa ya ɗan haura kilomita 9, an buɗe shi ranar 3 ga Oktoba, 2020. Kafin a yi shi, ƙanƙara na yanke kwarin daga sauran duniya kusan rabin shekara. Da muka fito ta ɗaya bakin, wajen Sissu, sai na ga kamar an canza ƙasa. Duwatsu tsirara, ƙasa ruwan toka, sama shuɗiya wadda babu ko gajimare. Tsaunukan Pir Panjal ne ke tare girgijen damina, ya zubar da ruwansa a can baya, nan kuma ya zama hamada mai sanyi. Wannan ne dalilin da aka zaɓi wurin: hunturu mai ƙanƙara, rani busasshe, ƙasa mai tsakuwa da ruwa ba ya kwanciya, kusan irin gidan tsiron na asali. Mun wuce Tandi, inda kogin Chandra da na Bhaga ke haɗuwa su zama Chenab. Keylong, hedikwatar gundumar Lahaul da Spiti, ta haura mita 3,000 a sama da teku. Hawa ɗan tudu kaɗan sai na tsaya ina haki.

Dattijon da ya ba mu aron gefen gonarsa manomin dankali da koren wake ne. Chacha-ji nake ce masa, wato baffa, shi kuma yana ce mini beta, wato ɗana. Ya ba mu can saman gonar, inda ruwan kuhl ba ya kaiwa. Kuhl su ne ƙananan magudanan da suke jawo ruwan narkakkiyar ƙanƙara da su zuwa gonaki. A wurinsa wannan yanki marar amfani ne, a wurinmu kuwa shi ne daidai. Mun haƙa ramuka, taki kaɗan a ƙasa, tazarar mita guda tsakanin kowane biyu, muka tsayar da saiwa a miƙe, kanta na ƙasa da fuskar ƙasa da kamar yatsa biyu. Kowane rami na kafa masa fegi mai lamba.

Muna cikin aiki ya tambaye ni, "Beta, yaushe zan ga kuɗinsa?" Na faɗa masa gaskiya, shekara huɗu nan gaba in an yi sa'a. Ya ce wakensa wata uku yake yi ya biya shi. Ba gardama yake yi ba, lissafi yake yi, kuma lissafinsa daidai ne. A ganina wannan tambaya ta fi duk abin da muke yi a ɗakin gwaji nauyi. Tayar da iri an kusa gano kansa. Abin da ba a warware ba shi ne yadda talakan manomi zai ba da ƙasa shekara biyar ga abin da wata takwas a shekara ko ganinsa ba ya yi. Shi ya sa nake ganin wurinsa shi ne gefen gona da gangaren da ba a nomawa, kada a ce wa kowa ya tumɓuke dankalinsa.

Kafin mu tafi ya shiga ɗaki ya fito da wata busasshiyar saiwa ya ce in shinshina. Ƙamshin ya kai ni gida nan take. Kustul hindi ne, wanda suke kira kuth, kuma a nan Lahaul ake noma shi tun zamanin iyayensa. Shi ba dangin karas ba ne, amma labarinsa ya shafe mu: an haƙe na daji har ya shiga jerin tsirran da aka hana cinikinsu tsakanin ƙasashe sai da izini, noma ne ya riƙe shi. Ban taɓa zaton zan tsaya a gonar da abin da iyayenmu ke saye a ƙulli yake fitowa ba.

19 ga Janairu, 2025

Chacha-ji ya turo hoto ta WhatsApp. Gonar fara fat, ko kan fegi ɗaya ba a gani. Babu abin yi sai karatu, don haka bari in amsa tambayar Baba.

Dakwara ana ɓare mata ɓawo bayan damina, ta yi ƙaro a tsince, ta warke, baɗi a dawo. Hing ba haka ba ne. Wani likita Bajamushe, Engelbert Kaempfer, ya ga yadda ake tatsarsa a yankin Lar na kudancin Iran a 1687, kuma abin da ya bayyana bai canza sosai ba har yau. Idan ganye ya fara bushewa, sai a tone ƙasar da ke kewaye da kan saiwar, a cire ganyen, a rufe ta da ciyawa a danne da dutse don kada rana ta buge ta. Bayan kimanin kwana 40 a dawo a yanke saman saiwar. Farin danƙo ya taru a kan yankan, bayan kwana biyu a kankare shi, a sake yanka wani siririn faifai a ƙasa da na farko. Haka za a yi ta yi har saiwar ta ƙafe. Danƙon na fita fari, iska ta mayar da shi ja-ja, daga baya ruwan ƙasa.

Ga inda matsalar take. Tsiron nan sau ɗaya yake fure a rayuwarsa. Yana shekaru yana tara ƙarfi, sannan a shekara guda ya fitar da kara mai kauri da kan kai mita 2, ya yi furanni rawaya, ya zubar da iri, ya mutu. Mai tatsa kuma saiwar da ta ƙoshi amma ba ta yi fure ba yake nema, domin wadda ta yi kara ta riga ta ƙarar da abin da ke cikinta. Ke nan duk saiwar da aka yanka har ta ƙafe ta tafi ba ta bar baya ba. Idan masu tatsa sun yi yawa a tsauni ɗaya, kuma awaki na cin ganyen ƙananan, ba a daɗewa wurin ke zama fili. Na faɗa wa Baba haka. Ya ce a harkar ƙaro ma wanda ya zurfafa yanka shi ke kashe itacen, kuma yawanci ba mai gonar ba ne.

Wani abin da na ƙaru da shi: hing na kasuwa ba daga tsiro ɗaya yake fitowa ba. Akwai 'yan'uwansa da dama, irin su Ferula foetida na gabashin Iran da Afganistan da tsakiyar Asiya, waɗanda aka daɗe ana rikita su da juna. Sai namu sun yi fure sun yi iri za a iya tabbatar da su da ido.

4 ga Mayu, 2025

Na je na gani da idona. Ƙanƙara ta janye daga gonar, ƙasa na da danshi, kuma a gindin fegi bayan fegi ga ganye ya ɓullo a dunƙule, ja-ja kafin ya buɗe ya koma kore. Na bi layi ina ƙirgawa da ƙarfi, Chacha-ji na bina a baya yana maimaitawa da Hindi. 37 cikin 48. Na tona uku daga ramukan da ba su fito ba: biyu ɓera ya cinye, ɗaya ta ruɓe a inda ruwan narkewa ya kwanta. Sauran na bar su.

Ganyen bana ya ninka na bara. Na shida da ke rumfa sun riga waɗannan fitowa da kusan wata biyu, amma ganyensu siriri ne, bai kai na tsauni ƙwari ba.

1 ga Yuni, 2025

Labari mai daɗi daga Palampur: a ƙarshen watan Mayu an sanar cewa hing ɗin da IHBT ta shuka a can ya yi fure har ya ɗaura iri, karo na farko a ƙasar. Abin ya ba mutane mamaki, domin Palampur ba hamadar sanyi ba ce, tsayinta kamar mita 1,300 ne kuma ruwan sama na yi mata yawa. Muhimmancinsa shi ne iri. Muddin sai an shigo da shi daga waje, 'yan ɗaruruwa za a riƙa rabawa ana sa hannu a littafi kamar yadda aka yi mini. Ranar da aka samu irin gida, wanda uwarsa ta rayu a wannan ƙasa, lissafin ya canza.

Biyu sun ƙara fitowa a gonar Chacha-ji. 39 ke nan.

22 ga Yuni, 2025

Gani ya kori ji. Ɗan Chacha-ji ya ce akwai wani abu mai kama da namu a gangaren da ke bayan ƙauye, muka hau tare. Bayan tafiyar awa guda muka same su tsaye cikin duwatsu, sun kai kafaɗata, wasu sun fi ni tsayi, kara mai kauri, a samansa laimomin furanni rawaya, ƙudaje da ƙudan zuma sun rufe su. Ferula jaeschkeana ne, ɗan asalin waɗannan tsaunuka. An sa masa sunan Heinrich Jaeschke, wani Bajamushe ɗan mishan da ya zauna a Keylong a ƙarni na 19 yana nazarin harshen Tibet yana kuma tara tsirrai. Ba ya ba da hing, na murza ganyen ban ji warin nan ba. Amma siffarsa ita ce siffar da namu za su yi in Allah ya kai su. Shekara ɗaya da rabi ina renon abin da ban taɓa ganin babbansa ba sai a hoto. Na zauna a kan dutse na daɗe.

Kusa da masu furen akwai ƙanana birjik masu ganye kawai, na shekaru daban-daban, da kuma busassun karan bara a kwance. Duk zuriyar a wuri ɗaya, babu mai ba su ruwa, babu mai rufa musu leda. Na lura ba sa fitowa a kwari inda ƙasa ke da laushi, sai a gangare mai tsakuwa da ke kallon rana.

A hanyar saukowa saurayin ya nuna mini kala zira, wani ɗan dangin karas ɗin, ƙarami mai fararen furanni, wanda irinsa ke da tsada a kasuwa. Ya ce mutane na rige-rigen tsinke shi tun bai nuna ba, don in ka jira wani zai riga ka, kuma kowace shekara sai an ƙara hawa sama kafin a same shi.

11 ga Oktoba, 2025

Shekara guda da dasawa. Na so zuwa tun farkon Satumba, amma ambaliyar kogin Beas ta ƙarshen Agusta ta lalata hanyar Manali. Ganye ya bushe tun Yuli, gonar yanzu fegi ne kawai a jere. Na tone lamba 17 a hankali don awo. Kan saiwar ya kai kaurin babban yatsan ƙafa, ta nutse fiye da inda hannuna ke kaiwa, ban bi ta har ƙarshe ba don kada in karya ta. Na mayar da ƙasa na danna.

Mun yi ayyuka uku. Mun ja ƙaramar kwata a saman layukan don ruwan narkewa ya kauce. Mun binne ragar waya a gefen da ɓeraye ke shigowa. Mun canza fegin katako da na ƙarfe masu tsayi, saboda shanu sun karya biyar.

Karatuna zai ƙare a 2026. Waɗannan saiwoyi ba za su isa yanka ba kafin 2028 ko 2029, ke nan wani ne zai ga danƙonsu. Na zauna da malamata da Chacha-ji mun yi magana a kan abu ɗaya da nake so a rubuta a ajiye: idan lokacin ya zo, kada a yanka duka. A ware aƙalla kashi ɗaya cikin uku a bar su su yi fure, irin kuma a raba shi tsakanin mai gona da ɗakin gwaji. Chacha-ji ya ce shi ma yana da sharaɗi, a bar masa saiwa ɗaya ya yanka da hannunsa, matarsa ta yi girki da ita. Malamata ta rubuta duka biyun.

An ba ni ƙwaya 200 don maimaita gwajin sanyi. Wannan karon zan ƙara kashi na huɗu: ɗan Chacha-ji zai shuka hamsin kai tsaye a gona kafin ƙanƙara ta sauka, mu ga ko tsauni zai yi abin da firji ya yi ba tare da leda da dashe ba. In ya yi, manomi ba ya buƙatar mu sosai. Rairayin sauran na kan wuta yanzu, gobe zan shanya shi.